Kyanwata ta tare a ɗakin Ya Falmata

Ina tankaɗen garin tattasai na ji kakari a bayan randa. Kyanwata ce, Lami, wadda ita kaɗai na iya fitowa da ita daga Bosso ranar da muka gudu. Ta saci bandar kifi, ƙaya ta maƙale mata a wuya, yawu sai dalala yake, numfashi da ƙyar.

Na ruɗe, na gutsuro lomar tuwo zan tura mata yadda muke yi wa yara. Sai ga maƙwabciyata Ya Falmata, wadda rikici ya koro daga Damasak, ta buge mini hannu.

"Kashe ta za ki yi? Tuwo ai ƙara toshe ta zai yi!"

Ta naɗe ta da zane saboda yakushi, ta sunkuyar da kanta ƙasa, ta bubbuga tsakanin kafaɗunta. Da ta buɗe bakin kyanwar, ta hango ƙayar, ta zaro ta da yatsu. Na yi godiya har da hawaye.

To amma tun ranar Lami ta tare a can. In na kira ta, ko kunne ba ta kaɗawa. Jiya na je ɗauko abata, na tarar da ita shame-shame a cinyar matar nan.

"Ya Falmata, ni fa na goyo ta tun daga Bosso."

"Ban kira ta ba, ƙanwata. Ɗakina ne ya yi shiru tun da na rabu da yarana."

Haka na juyo ba kyanwa. Wallahi matar ta ba ni tausayi, amma kishin yana nan daram.

Jama'a, ku raba mu: Lami ta wadda ta goya ce, ko ta wadda ta ceta?