Waƙar Kaka da Waƙar Yaya Sadi

Washegarin Babbar Sallah, a watan Disamban 1975, ina da shekara takwas. Da safe iska mai sanyi tana busowa daga teku, har mahaifiyarmu ta ɗaura mini ƙaramin mayafinta a kan sabuwar rigata. Mu bakwai muka fita yawon barka da Sallah a lungunmu na unguwar Sharafiyya a Jidda, kowa da kwanonsa na karɓar nama, wana Sadi a gaba don shi ne babba. A ƙofar gidanmu Kaka tana zaune a kan tabarma tana tsince shinkafa, tana jiran ta ji mun fara waƙarta.

Kaka, mahaifiyar babanmu, da ƙafa ta zo ƙasar nan daga wani ƙauye a yankin Damagaram, tafiyar da ta ci shekaru. Ba ta iso da komai na gida ba sai wata waƙa da yaran ƙauyensu suke yi ƙofa-ƙofa idan an gama girbi sanyi ya shigo. Baitin farko yana cewa, "Masu gida, mun zo da alheri." Daga nan sai a yi wa gidan addu'a abu-abu: gero, dawa, awaki, rijiya, har jaririn da ke goye. Mu da aka haifa a Jidda ba mu taɓa ganin rumbu ba. Abin da muka sani shi ne ɗebo ruwa a garwa idan motar ruwa ta zo, da shanya wankin mutane a kan rufi, da wasan ɓuya a bayan tankuna. Duk da haka kowace Sallah sai ta tara mu ta koya mana, tana gyara mana harshe, domin Larabci ya riga ya lanƙwasa mana baki.

A shekarar ne Yaya Sadi ya juya waƙar. Yaro ne mai ban dariya, kuma abin da yake ji manya suna raɗa shi ya saka a ciki. Ya bar muryar yadda take, ya canza kalmomin:

"Masu gida, ku rufe ƙofa,
Mai iƙama ya zo ya ci nama,
Marar iƙama ya haye sama,
Motar kamu tana Bab Makka."

Iƙama ita ce takardar izinin zama, kuma yawancin maƙwabtanmu ba su da ita. Mun san haka, amma a wajenmu abin dariya ne kawai. A gidaje biyu na farko maza suka yi ta ƙyaƙyatawa, wani ma ya ce mu sake. Gida na uku na Inna Hure ne, wata mata 'yar Chadi mai sayar da gyaɗa. Ba mu san cewa kwana goma ke nan da aka kama mijinta a hanyar aiki aka mayar da shi ƙasarsu ba. Muka rera da ƙarfi. Ta buɗe ƙofa da yaronta a hannu, ta dube mu ɗaya bayan ɗaya, ta koma ciki ta kawo nama ta zuba wa kowa a kwano. "Allah ya maimaita mana," in ji ta, ta rufe ƙofar a hankali.

Kaka ta ji duka daga inda take zaune. Ba ta doke mu ba, ba ta kuma kai ƙara wajen Baba ba. Ta yafa mayafi ta shiga gidan Inna Hure, ta daɗe a can. Da ta dawo ta kira Yaya Sadi ta ce, "Na riƙo waƙar nan a bakina tun daga gida, ban zubar da ita a hanya ba. Sai a nan." Tun ranar ba ta ƙara rera ta ba. Da wata Sallah ta zo na roƙe ta, ta shafa kaina ta ce, "Ai kuna da taku." Bayan shekara huɗu Allah ya yi mata rasuwa.

Waƙar Yaya kuwa ta bazu. Har yau nakan ji yara a unguwar Bani Malik suna yin ta, rabi Hausa rabi Larabci, ba su san tana da mai ita ba. Shi kansa bai ƙara furta ta ba. Da ya girma ya zama mai sayar da yadi, duk tsohon da ya zo shagonsa daga Nijar sai ya tambaye shi ko ya san waƙar girbi mai farawa da alheri. Wasu sun san makamanciyarta, amma ba ita ba. Bara, a asibiti, ya ce in zauna mu gwada haɗa ta tare. Muka yi baitin farko, muka tsaya, muka sake daga farko. Ya ce yana jin akwai rijiya a baiti na uku.

A da muna da waƙa biyu da tsohuwar da ke gyara mana baki. Yanzu daga ita har shi suna kwance a ƙasar Jidda, ni kuma duk lokacin da muryar ta zo mini ina wanke-wanke, kalmomin Yaya ne suke biyo ta. Allah ya jiƙansu. Wadda muka yi don dariya ita ce ta rage.