Tabarmar da Arzika Ya Shimfiɗa

Arzika na Lambara sai da ya haura shekara sittin kafin ya taka ofishin 'yan sanda. Manomin albasa ne kamar mahaifinsa, kuma duk yankinmu babu wanda ya kai shi iya ajiya. Wasu tun a gona suke sayar da tasu. Shi kuwa rudu yake kafawa a bayan gidansa, ya jera albasar a kan kara, ya yi mata rufin ciyawa, iska na ratsa ta ta ƙasa har damina ta yi nisa. A cikinta yake zaɓar ta iri, wadda zai dasa ta yi fure, irin da ya gada a hannun mahaifinsa bai taɓa bari ya yanke ba. Ni maƙwabcinsa ne, na sha ganin yana shinshina rudun nan da sassafe, har matarsa Hasiya kan ce albasa ta fi ta samun gaisuwa.

Bara wani Alhaji Nafi'u daga Bodinga ya sayi filin da ke jikin katangar Arzika, ya buɗe gidan bulo, ya haƙa rijiyar burtsatse. Safe da yamma ana ba bulo ruwa, ruwan kuma ya gangaro ya kwanta ƙarƙashin rudu. To, ko yaron goye a garin nan ya san albasa da danshi ba sa shiri.

Arzika bai yi faɗa ba. Ya tuɓe takalmi gaban mai gari, mai gari ya aika har sau biyu, Alhaji bai ko leƙo ba. Sai Arzika ya hau babur ya kai kuka ofishin 'yan sanda, aka ce ya koma gida, za a zo. Da ya ga shiru, ya ɗauki fartanya ya ja ɗan lambatu a bakin katangarsa don ruwan ya bi ta gefe.

Ranar Talata da hantsi motar 'yan sanda ta tsaya a ƙofar gidansa. Wayyo Arzika! Baki har kunne don murna. Ya ɗauko sabuwar tabarmarsa ta zuwa Idi, ya shimfiɗa musu a inuwar dogonyaro, ya sa Hasiya ta dama fura da nono mai kauri.

"Kun gani ko?" ya ce mana. "Ni nac ce muku hukuma ba ta mance talaka."

Suka zauna, suka shanye furar tas. Sannan sajan ɗinsu ya goge baki, ya nuna lambatun.

"Baba, wa ya haƙa wancan?"

"Ni na, ranka shi daɗe. Ruwa na ka kashe min albasa."

Ashe ba kukansa ya kawo su ba. Alhaji ne ya kai ƙara cewa maƙwabta na barazana ga sana'arsa. A gaban idonmu suka sa dattijon nan ya mayar da ƙasa cikin lambatun da fartanyarsa, ya dangwala yatsa a takarda cewa ba zai sake taɓa wurin ba. Wallahi har yau in na tuna raina ɓaci yake. Bulo fa! Ƙasa da siminti aka zo gadi, aka bar mutum da abincin 'ya'yansa cikin ruwa. Mu da muke tsaye ba wanda ya ce uffan, ni ma ban ce ba, kuma ina jin kunyar hakan.

Suka bar mutum biyu suna gadi kullum, a kan tabarmar nan suke wuni.

Kafin sati uku warin ruɓaɓɓiyar albasa ya hana mu zama a ƙofar gida. Na taya Arzika kwashe rudun. Ya riƙa ɗaga albasar iri ɗaya bayan ɗaya, yana dannawa, yatsansa na nutsewa. Ko guda bai samu mai rai ba.

Haushi ya sa na ce, "Baba Arzika, ko tabarmarka ai ka je ka ɗauke."

Ya dubi masu gadin, ɗaya na gyangyaɗi da takalminsa a kan tabarmar.

"Ni nash shimhiɗa musu ita da hannuna," ya ce. "Ƙaƙa za ni ce ma baƙo shi tashi?"

Bana a kasuwar Shagari na gan shi tsugune gaban mai sayar da iri, yana juya ƙwayoyin a tafin hannunsa, bai ma san yadda ake tayawa ba.