Takin da Ba Ya Wari

Uwaisu ɗan Sharada ne tun Sharada tana ƙauye, kafin a kafa bututun hayaƙi a inda kakanninmu suke turke jakuna. Da aka yanki fili don kamfanoni, gonar gadonsu ta tafi, sai wani ɗan yanki a bakin kwata. Mu taubasansa cewa muke in kaza ta yi miƙa a ciki, ƙafarta a gonar maƙwabci za ta sauka. Shi kuwa ba a wasa da shi a kan gonar nan. Ita kaɗai ubansa ya bar masa.

A 1978 ya sami aiki a kamfanin kwalba. In ka ji shi a majalisa sai ka rantse shi yake hura tanderun da bakinsa, alhali tsintsiya aka ba shi. Yana share ɗakin da ake haɗa yashi da soda da farar ƙasa da niƙaƙƙiyar kwalba kafin a zuba a wuta. Abin da ya share a jibge bayan katanga, iska ta ɗebi rabonta, ruwan sama ya kai saura kwata.

To, ka san manomin Kano bai yarda akwai shara a duniya ba, sai dai taki. Tun kaka da kakanni ake shiga birni da jaki da mangala a kwaso juji a kai gona. Uwaisu ya dubi tsibin nan fari fat kamar tokar murhu, ransa ya biya. Ya tari Labaran, hedimansu.

"Ranka ya daɗe, tokar nan ta waye?"

"Ta wanda ya ga dama. Miya za ku kaɗa?"

"Gona zan kai."

"Kai ka sani. Dama mai kwashewa ake nema."

Rani guda ya yi yana jigila, har jakin ya haddace jiniyar tashi daga aiki, yana zuwa bakin get da kansa. Sauda matarsa ta ce, "Malam, wane irin taki ne ba ya wari? Ko kaji ba sa tona shi."

Ya ce, "Na Turawa ne, Sauda. Ke me kika sani?"

Ruwan shuka ya sauka, ya shuka gero. Ya tsiro, ya yi rawaya, ya ƙone kamar an kwara masa tafasasshen ruwa. Ƙasar ta yi farin ɓawo irin na kanwa. Da ruwa ya wanke farin garin nan, sai kwalbar ta fito fili, gona tana walƙiya da hantsi. Ya shiga noman fari ba takalmi, yadda ya saba, ya fito kowane sawu da jini. Sati uku Sauda tana cire masa tsinin kwalba da allura. Malamin gona ya zo, ya murza ƙasar a yatsa, ya ce soda ta kashe ta. Ya goge hannu ya hau babur.

Bayan shekara biyar kayan haɗi suka daina shigowa daga waje. Nan kamfani ya tuna sharar nan dukiya ce: a tankaɗe, a wanke, a mayar wuta. Har waya aka zagaye tsibin da ita. Uwaisu ya koma wajen Labaran.

"Ranka ya daɗe, akwai mangala ɗari uku a wajena. Ku zo ku kwashe abinku."

"Ta gauraya da ƙasa, Uwaisu. Tanderu za ta ɓata mana."

Sai ya sayi rariya. Kullum aka tashi aiki, yana tsugune a gona yana tankaɗe ta taku bayan taku, ƙurar tana shiga ƙirjinsa. Tun muna tsokanarsa da mai haƙar zinare har tarinsa ya hana mu. Damina huɗu ya yi a haka. A ta ƙarshe geron ya kai gwiwa ya tsaya, ko zangarniya ɗaya.

Da tarin ya kwantar da shi, kamfani ya sallame shi, shi kuma ya sayar wa wani mai gina sito gonar. Ran da za a zuba siminti ya dogara sanda ya je. Leburori sun haƙa tushen gini, kuma tun ba a kai zurfin kamu ɗaya ba sai ga ƙasar ubansa, baƙa, mai danshi, ko ƙwayar kwalba babu. Ya durƙusa ya ɗebo a tafin hannu yana sansanawa.

Wani lebura ya ce, "Baba, matsa mana, kankare zai wuce."

Ya matsa.