Geron da Ya Girma a Fim ɗin Yaya Habu

Ranar wata Juma'a bayan la'asar, shekarar da na shiga aji huɗu, aka tayar da janareta a ƙofar gidanmu a Gude, aka ɗora talabijin a kan turmi cikin zaure. Fim ɗin farko na yayana Habu za a kalla. Shi ya rubuta, shi ya shirya, shi ne jarumi, ni kuma yarinya mai kai fura gona. Baba ya riga ya yanke magana: zai kalla sau ɗaya, in ya ga shiririta ce, Habu ya koma riƙon fartanya, kada a sake yi masa zancen fim. Ranar ko tuwo ban iya ci ba, don na san yadda Yaya ya ƙwallafa rai.

Wahalar da aka sha kuwa ba a magana. Kyamarar ta wani mai ɗaukar biki ce a Gwarzo, ranar Laraba kaɗai yake ara mana. Sai na kai awaki kiwo, na ɗebo ruwa, sannan in ɗauki ƙwarya mu nufi gonar Baba. Zance ɗaya sai mu yi Laraba huɗu muna ɗauka, damina kuwa ba ta jiran kowa.

Ai kuwa ana fara kallo asiri ya tonu. A fim ɗin, na yi sallama gero yana gwiwar Yaya, ya amsa geron yana kafaɗarsa, kafin ya shanye furar geron ya rufe shi ruf. Manoma ne cike da zauren, wa zai kula da labari? Dariya har da masu riƙe ciki. Wani tsoho ya ce, "Habu, wane taki ka zuba? A sam mana!" Yaya ya sunkuyar da kai, ni kuwa hawaye ya cika mini ido.

Baba bai yi dariya ba. Da kaset ya ƙare sai ya ce, "Ɗan manomi da wannan abin kunya? Baɗi ka bari sai gero ya fitar da kai, daga nan ba ya ƙara tsayi." Sai da Inna ta mintsine ni na gane abin da na ji. Baɗi fa ya ce!

Yau Yaya Habu ya yi furfura a harkar, bai taɓa shiga ƙarƙashin kowa ba, yaransa ma da waya suke gama fim cikin sati. Amma wancan mai kuskuren nake nema in kalla. A can bayanmu, nesa, akwai wani mutum sunkuye yana noma, bai san ana ɗaukarsa ba. Shi kaɗai ne hoton Baba mai motsi da ya rage mana, kuma har yanzu ina jin haushin geron in ya tashi ya rufe shi.