Ikko da Rumbun Maigidana

Shekarar da motoci sunka koma bin hannun dama, damina ta yi mana rowa. Wadda ta biyo, lokacin da anka karɓe fam da sule anka ba mu naira, ko rowar ba mu samu ba. A nan ne mazan ƙauyenmu, kusa da Kamarawa a ƙasar Isa, sunka kwashe sunka nufi Ikko, har da maigidana.

Ikko ba baƙuwarmu ba ce. Kakana ya je ta da ƙafa, fataucin goro. Shi ya ce mana asalinta tsibirin masunta ce, ruwa gaba ruwa baya, inda jiragen Turawa ke lodin bayi tun ba a haifi ubanshi ba. Daga baya Turawan sunka zauna, sunka mai da ita gidan mulki. Amma kakana ya dawo. A da kowa dawowa yake. Cin rani ne, kafin ruwan farko namiji na bakin gonarshi.

Maigida ya liƙe rumbunshi da laka kafin ya tafi, damman geron iri na ciki. A wurinmu mace ba ta buɗe rumbun miji, ko leƙawa ba ta yi, sai ya ce. Ni ko ɗiyar gidan mutunci ce. Abin da ya auna mani ya ƙare, munka koma cin anza, ɗiyan wani iccen daji, a jiƙa a zubar, a jiƙa a zubar, ɗacin na nan. 'Yar autata ta fara zawo, wuyanta ya koma kamar kara.

Maƙwabciyata ta ce, "Ke, fasa rumbun nan ki dama ma yarinya kunu."

Na ce, "A kira ni me a bakin rijiya? Ɓarauniyar miji?"

"Rijiyar da ta ƙafe? Wa za ki gani can?"

Na tafi wurin wan maigida, na durƙusa na ce, "Yaya, ka ba ni izini." Ya ce ba rumbunshi ba ne, in ƙara haƙuri, mai shi na hanya.

Ba ya hanya. Yarinya ta cika kafin hadari ya fara haɗuwa. Anka yi ruwa, masu iri sunka shuka, ni ina zaune da rumbu liƙe.

Sai ga mijin maƙwabciyar tawa ya sauka tashar Sabon Birni da rediyo a kafaɗa, ya dawo noma. Munka taru jin labari. Ya ce mutanen Ikko sun fi ƙudan mahauta yawa, gida bisa gida, wasu sun kafa ɗakuna cikin ruwa, wasu na kwana ƙarƙashin gada. Yarbawa, Ibo, Zabarmawa, mutanen Gana, kullum mota na juye wasu. Ya ce ana ruwa can har mutane na tsaki.

Na ce, "Malam, bar wannan. Maigida ya ce in buɗe rumbu?"

Ya sunkuyar da kai. "Ya samu gadi gidan wani attajiri, bana ba ya zuwa. Da na ce mashi za ni gida, sai ya ce, ai ta daɗe da buɗewa, tana da hankali."

Hankali! Shi da ya liƙe da hannunshi. Ikko ta koya mashi kowa ya yi ta kanshi, bai aiko a gaya mani an canza ba.

Da hantsi na ɗauki taɓarya na fasa rumbun gaban kowa. Geron lafiya lau, ko ƙwaro bai taɓa shi ba. Na shuka a makare, ya yi kara bai yi kai ba.

Cikin waɗanda sunka ga wannan, saura ni da mai rediyon, ya makance yana wurin ɗiyanshi a Gatawa. Maigida ma an ce yana da rai can Agege cikin Ikko, da jikokin da ba su san hanyar Isa ba.