Dutsen Dada Ya Tsaya a Bakin Kogin Lau

Ana idar da sallar asuba muka tashi daga Jalingo, mu uku a mota: ni, da matata, da mahaifiyarta wadda duk gida muke kira Dada. In za a faɗi gaskiya mu huɗu ne, domin Dada ta rungumo wani dutse a cikin jakarta, girmansa ya kai kan jariri. Lau muka nufa. Ƙanwar Dada ce ba lafiya a wani ƙauye a tsallaken kogi, aka aiko a zo a dubo ta.

Bari in ɗan koma baya ku gane maganar dutsen nan. Ni tela ne, kuma motata tsohuwa ce, ta girmi babbar 'yata. Injinta lafiya lau, amma birkin hannunta ya daɗe da zama ado. In na ja shi sai ya yi ta hawa, ƙas, ƙas, ƙas, har goma sha uku, ya miƙe tsaye, motar kuwa ba ta san an yi ba. Bara na kai Dada gidanta, wanda ƙofarsa ke kan gangare. Ban kashe mota ba, na ja birkin, na fita da sauri in buɗe mata ƙofa don ladabi. Ta sauko da ƙafa ɗaya ke nan motar ta fara zamewa baya. Ƙofar ta ture ta, ta faɗi a kan gwiwa. Na yi tsalle na faɗa ciki na taka birkin ƙafa. Allah ya tsare ba ta karye ba, amma gwiwar ta yi mako biyu a kumbure.

Tun daga ranar Dada ba ta sake shiga motata ba. Ba ta yi mini faɗa ba, suruka ba ta yi wa mijin 'yarta magana kai tsaye, balle faɗa. Ta bakin 'yarta take aiko da saƙo. Duk lokacin da na ce zan kai ta wani wuri, amsar ɗaya ce: "Ki ce masa na gode, keke napep ya ishe ni." Shekara guda wannan godiyar tana ci na a rai.

Wannan karon gwiwoyinta ba za su iya matsin motar haya ba, shi ya sa ta yarda. Amma da sharaɗi. Za ta zo da dutsenta, kuma sai 'yarta ta sa shi a ƙarƙashin taya kafin ita ta sa ƙafa a ƙasa.

Saura kwana biyu tafiyar na ce sai na gyara birkin nan da hannuna. Sau biyu na taɓa kai wa makaniki, ya ja wani abu ya ce ya yi, bayan mako guda a koma gidan jiya. Ni kuma irin mutumin nan ne da zai kulle shago ya yi nisa, ya dawo ya ja kwado ya tabbatar. In ban gani da idona ba hankalina ba ya kwanciya. Sai na roƙi maƙwabcina, wani dattijo Bamumuye da ya yi shekaru yana tuƙin babbar mota. Ya jawo benci ya zauna a tsakar gidanmu inda ƙasa take a miƙe, ya ce shi baki zai sa, hannu nawa ne.

Muka tokare tayoyin gaba, na ɗaga bayan motar da jak, na jera katakai masu kauri a ƙarƙashi, domin ya ce mutum ba ya shiga ƙarƙashin mota da jak kaɗai. Ni da na ɗauka waya kawai zan ja, sai ya ce, "A'a, Tela, waya shi ne ƙarshe. Fara da taya." Na cire tayar baya. A jikin ƙwaryar ƙarfen da birki yake ciki akwai ɗan rami, a ciki kuma akwai wani ɗan ƙarfe mai haƙora. Na riƙa tura shi da sukudireba haƙori ɗaya-ɗaya, ina juya ƙwaryar da hannu, har ta fara gogawa. Ya ce in mayar baya kaɗan har ta sake. Na yi wa ɗaya ɓangaren haka. Daga nan na kwanta a kan buhu na shiga ƙarƙashi, inda wayar birkin ta rabu biyu, na ɗaure notin da ke wurin da sifana. Matata tana ciki tana ja tana ƙirgawa. Daga goma sha uku muka sauko tara, muka sauko shida. A kan shida tayoyin biyu suka kafe, in an saki kuma suna juyawa sumul. Na sa allin ɗinki na ja layi a jikin notin.

Dattijon ya miƙe ya kakkaɓe wandonsa. "Shi ke nan. Bar shi haka, kar ka ƙara. In ka yi tafiya kaɗan, tsaya ka taɓa taya. In tana zafi, ka matse da yawa."

Ya tafi. Na sauke mota, na wanke hannu, na zauna ina kallonta. Sai ƙafar Dada ta dawo mini a ido. Na ce a raina, in shida tana riƙewa, uku ai ta fi riƙewa. Na sake tokare motar, na zura hannu da sifana na ƙara wa notin zagaye uku. Na ja birki, ƙas, ƙas, ƙas, ya tsaya cak. Daɗi ya kama ni. Ban sake ɗaga motar na juya tayoyin na gani ba, kuma ban gaya wa kowa ba.

To, da wannan muka kama hanya. Garin bai gama farkawa ba, masu shayi suna hura wuta, masu keke suna goge gilashi. Muka bi ta Kona. Duwatsun wurin suna fitowa ɗaya bayan ɗaya da hasken safiya, mata suna tafe a jere a gefen titi da doya da itace, za su kasuwa. Kaka ce, gonaki duk sun yi ja. Matata tana nuna wa Dada dawa, ni kuwa kunnena yana kan mota. Na ji ta yi nauyi, kamar ana riƙe ta ta baya. Na ce ko buhun masarar da muka ɗauko na tsaraba ne.

Da muka wuce Kona na tsaya na taɓa tayoyin baya. Da ɗumi. Na ce ai safiya ce, ƙila hannuna ne da sanyi. Muka ci gaba. Hanyar wani wuri sumul, wani wuri sai ka zaɓi ramin da ya fi maka sauƙi. Ba mu yi nisa ba na sake tsayawa. Wannan karon ina kai yatsa na janye, ga wani ƙauri yana tashi kamar an bar dutsen guga a kan yadi.

Dada ta dubi 'yarta. "Ki tambaye shi, motar ce ba lafiya ko shi?"

Na gangara da motar ƙarƙashin wata tsamiya inda ƙasa take a miƙe, kusa da wata mata mai suyar masa. Na gaya wa matata gaskiya, cewa na ƙara ɗauri bayan dattijo ya tafi. Ta ce, "Haba Malam! Mutumin nan da bakinsa ya ce kar ka ƙara." Na fito da jak da katakai da sifana, domin duk na zo da su, har da buhun kwanciya. Sai dai wurin yashi ne da ciyawa, na duba ko'ina ban ga dutsen tokare tayar gaba ba. Ina cikin dube-dube sai na ga hannu ya fito ta taga riƙe da dutse. Dada ba ta kalle ni ba. "Ki ba shi aro," ta ce wa 'yarta. "Amma ya dawo mini da abina."

Suka sauka suka zauna a bencin mai masa. Na jira ƙarfen ya huce, na ɗaga motar, na juya taya. Da ƙyar take motsi. Abin da na yi shi ne abin da nake hana masu koyon ɗinki: in ka matse zaren keke da yawa, yadi tattarewa yake yi. Sa'ar da na ci ita ce na san zagaye nawa na ƙara, kuma layin allina yana nan. Na sassauta uku daidai. Tayoyin biyu suka saki. Matata ta shiga ta ja, muka ƙirga tare: shida. Na sa ta saki ta sake ja har sau huɗu, har mai masar ta ce, "Maigida, wannan ƙirgen naka ba ya ƙarewa? Masa tana hucewa."

Masar kuwa ta yi daɗi, manya-manya, ta fi ta cikin gari arha, da yaji da ƙuli, muka bi da kunun gyaɗa mai zafi. Na wanke dutsen Dada da ruwan buta kafin in mayar mata.

Daga nan motar ta zama wata daban, tana tafiya sakayau. Na ƙara tsayawa sau biyu duk da haka, tayoyin suna nan da sanyinsu. Ƙasa ta buɗe, fadamu suka fara, shinkafa ko'ina ana yanka ana bugu a kan tamfol. Shanun Fulani suka tsare mu a wani wuri, makiyayin ya ɗaga mana sanda yana cewa "Useni, useni," wato "don Allah" da Fulatanci, har suka gama wucewa. Kafin hantsi ya yi zafi muka shiga Lau, ƙanshin kifin banda ya tare mu tun kafin mu ga ruwa.

Nan ne inda na kwana biyu ina tsoro. Daga inda motoci ke tsayawa zuwa bakin kogin Binuwai gangare ne mai tsawo, kuma gwiwar Dada ba za ta iya saukarsa ba. Dole in sauka da motar kusa da jiragen fito. A gabana babu komai sai ruwa. Na gangara a hankali, na karkata gefe inda ba zan tare wa masu lodi hanya ba, na tsaya. Na ce kowa ya zauna tukuna. Na ce wa matata ta fita ta ajiye dutsen a gaban taya, amma kada ya taɓa ta, ta bar tsakani kamar yatsu huɗu. Na cire giya. Na yi bisimilla na ja birkin hannu, na ƙirga shida. Sannan na fara ɗage ƙafata daga birkin ƙafa, kaɗan-kaɗan.

Motar ta ɗan sunkuya gaba, ta tsaya.

Na ƙirga har ɗari a zuci, ƙafata tana shawagi a kan birki. Ba ta motsa ba. Ban gamsu ba, na kira wasu masunta biyu da ke gyaran koma na roƙe su su tura ta ta baya. Ɗayan ya ce, "Alhaji, mutane suna roƙo a tura musu mota ta tashi, kai kana roƙo a tura maka cikin ruwa?" Suka yi dariya suka sa kafaɗa. Suka tura har ƙafafunsu suka nutse a yashi. Motar ta yi ta lilo a wuri ɗaya, tayoyin baya sun kafe. Na leƙa ta taga na tambayi matata. Ta ɗaga mini yatsu huɗu.

Sai a lokacin na sa giya, na kashe inji, na fita na buɗe wa Dada ƙofa. Ta sauko da ƙafa ɗaya, ta dakata, tana saurare. Ta sauko da ta biyun. Ta tsaya a kan ƙafafunta, ta gyara mayafi, ta wuce jirgi.

Muka tsallaka. Kowa yana kallon gaba, ni na juya baya ina kallon mota har ta zama ƙarama. Mun sami mai jiki da sauƙi, har ta tashi zaune da ta ga yayarta, suka riƙe hannun juna suna hira da Fulatanci. Aka kawo mana tuwon shinkafa da miyar kifi, na ci, amma rabin hankalina yana wancan tsallaken.

Bayan azahar muka dawo. Motar tana nan inda na bar ta. Dada ta dogara da kafaɗar 'yarta ta je gaban tayar, ta sunkuya da wannan gwiwar tata, ta zura yatsunta tsakanin taya da dutse. Huɗu suka shiga daidai. Ta miƙe, ta ture dutsen gefe da ƙafa, ta shiga mota. Matata ta ce, "Dada, dutsenki fa?" Ta ce, "Bar shi. Ya yi mini nauyi."

Na juya motar muka hau gangaren. Ina hango dutsen a madubi yana zaune a kan yashi. Ba zan ɓoye muku ba, zuciyata ta ce in koma in ɗauko shi ko don wata rana. Na daure ban tsaya ba.

Mun shigo Jalingo kafin magariba, da kifin banda da rake a bayan mota. A ƙofar gidan Dada, kan gangaren nan na bara, na ja shida, na sa giya, na kashe inji, na buɗe mata. Da ta kai bakin zaure ta juyo wajen 'yarta. "Ki ce masa ranar Juma'a ina da suna a Sunkani. Ya zo da wuri."

Maƙwabcina yana kan bencinsa da muka iso gida. Na gaya masa duk abin da ya faru, har da zagaye ukun da na ƙara. Ya yi dariya har da tari, ya ce, "Na sani za ka ƙara, Tela. Shi ya sa na ce ka taɓa taya."

Abin da tafiyar nan ta koya mini shi ne tsorona yana da amfani inda ya sa na ja layi da alli, na tsaya na taɓa taya, na sa aka tura mota na gani da idona. Inda ya kusa jawo mini asara shi ne inda ya sa na ƙara a kan abin da ya riga ya yi daidai. In birkin hannunku ya yi sanyi, ku fara da tayoyi kafin waya, ku juya su ku gani bayan kowane ɗauri, kuma in ya kama ku cire hannu. Ni dai gobe zan wanke mota. Juma'a ina da fasinja.