Faya-fayan Baba

Ka san ƙarar nan da allura ke yi idan ta sauka kan faifan garmaho, kafin kiɗa ya fara? Kamar an zuba albasa a mai mai zafi. Na ji ta kwanan baya a wani shago, sai ga ni a gidanmu na unguwar Whalley Range a Manchester, ina 'yar yarinya.

Ran Asabar, lokacin sanyi, idan Baba ya dawo daga tuƙin bas, sai ya wanke hannu, ya goge faifai da gefen rigarsa, ya ɗora. Kiɗan Turawa ne, na rock, jita na ihu, ganga kamar za ta fasa taga. Shi kuwa yana zaune da shayinsa, ko kai ba ya kaɗawa. Mutumin da ko a biki ba ya rawa. Ban taɓa tambaya ba. Ba a tambayar Baba.

Bayan rasuwarsa na ga faya-fayan sun fara lanƙwashewa, na kai su wurin wani Bature a Manchester mai juya su zuwa kwamfuta don masu kunnen sauti. Ya ce zai kwaso komai, har numfashin mawaƙin. Amma ya tambaye ni: ya bar ƙarce-ƙarcen ne ko ya share? Na kira Mama.

"Ya share," in ji ta. "Mahaifinki ba ya son kiɗan nan. Don ke yake sawa, sai da shi kike cin abinci."

Ban gamsu ba. Na hau jirgin ƙasa zuwa Birmingham, wurin Gwaggo, yayar Baba, a unguwar Ladywood. Ta yi dariya har da tari.

"Don ke? 'Yar nan, tun a Jos yake kaɗa jita, ya tara suma haka! Babanmu ne ya karya ta a gwiwa."

Da na mayar wa Mama, sai ta ce Gwaggo ta tsufa.

Baturen ya gaji da jirana, ya share. Yanzu sautin fes yake, har zamewar yatsa kan tsirkiya ina ji, abin da garmahon Baba bai taɓa fitarwa ba. Komai ya fito fili, ban da mai faya-fayan. Jiya ɗiyata ta sa abin jin sauti a kunne ta saurara, ta tambaye ni da Turancinta na nan ko Kaka makaɗi ne. Na ce e. Na sake cewa a'a. Ta zare abin kunnen, ta zuba mini ido, tana jira.